An yi titi an gama, diyyar gonakinmu shiru: ina za mu dosa?

Baban Ummi: Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Shawara nake nema daga waɗanda suka san doka da kuma waɗanda irin wannan ta taɓa faɗa wa. Tun kafin korona aka fitar da sabon titi ya ratsa ta gonakin garinmu. Ma'aikata suka zo suka yi awo, suka ƙirga itatuwa, suka ɗauki kowa hoto a gonarsa yana riƙe da allo mai lamba, aka ce kowa ya kai lambar asusunsa na banki. Gonar mahaifinmu titin ya cinye fiye da rabinta, har da ɗorawa da mangwaro da rijiya. An biya rukunin farko, mu aka ce sai kashi na biyu. Mahaifinmu ya rasu yana jira. Idan mun je ofis a ce fayil yana sama, ko a ce ba a saki kuɗi ba. Shin haƙƙin nan yana nan ko ya mutu? Idan yana nan, ta ina ake farawa?

Maman Sadiq: Wa alaikumus salam. Allah ya jiƙan Baba, ya sa ya huta. Wallahi kamar labarin gidanmu kake bayarwa, sai dai mu layin wutar lantarki ne ya bi ta kanmu.

Ɗan Gwagwarmaya: Yaya, ni dai gaskiya zan faɗa maka. Kun yi sake tun ranar da kuka bar katafila ta shiga gona ba a biya ku ba. Yanzu abin da ya rage ku tara matasa ku tare titin nan rana ɗaya, ku kira 'yan jarida. Kafin la'asar za ku ga jami'ai sun zo da kansu. Mutanen nan ba sa jin takarda.

Barista: Ƙanena Ɗan Gwagwarmaya, dakata tukuna. Baban Ummi, Allah ya gafarta wa mahaifinku. Haƙƙinku bai mutu da mutuwarsa ba, ya koma kan magada. Amma gara ka san ainihin abin da doka ta ba ku, domin yawancin mutanenmu a nan ake yi musu shigo-shigo ba zurfi.

Dokar Amfani da Filaye ta 1978, wadda aka kafa zamanin mulkin soja na Obasanjo, ta danƙa duk ƙasar da ke cikin jiha a hannun gwamna a matsayin amana. Kai abin da kake da shi izinin zama da amfani ne. Sashe na 28 ya ba gwamna ikon soke wannan izini idan ana buƙatar wurin don amfanin jama'a, kamar titi, makaranta, asibiti, bututu. Sashe na 29 kuma ya ce a biya diyya, amma diyyar ta abin da ka ɗora a kan ƙasar ce: gini, rijiya, katanga, amfanin gona, itatuwa. Ita ƙasar kanta ba a saye ta daga hannunka. Abin da aka tanada a kanta shi ne a mayar maka da kuɗin hayar ƙasa da ka biya gwamnati a shekarar da aka karɓe. Manomin ƙauye da ya gaji gona kaka da kakanni bai taɓa biyan wannan kuɗin ba, saboda haka a wannan gurbin ba shi da ko kwabo. Shi ya sa za ka ga gona mai faɗi da ke ciyar da gida guda an ƙiyasta ta a kuɗin da ba zai sayi fuloti ba.

Amma Tsarin Mulki na 1999, sashe na 44, ya ce ba a karɓe dukiyar mutum da ƙarfin hukuma sai bisa dokar da ta wajabta biyan diyya cikin gaggawa, ta kuma ba shi damar zuwa kotu kan haƙƙinsa da yawan kuɗin. A nan ƙarfinku yake. Shekaru ana jan ku ba gaggawa ba ce ta kowace fuska.

Baban Ummi: Barista na gode ƙwarai. Wato ita gonar kanta ba a lissafa ta ba ke nan? Mu duk zatonmu kuɗin gona muke jira.

Tsohon Safiyo: Ɗana, na yi aikin awo da ƙiyasi har na yi ritaya, bari in ƙara kan abin da Barista ya faɗa. Ranar da aka ɗauke ku hoto da allo, an cike takarda a kan kowace gona: sunan mai ita, faɗin wurin da aiki ya ci, irin shukar da ke ciki, yawan itatuwa da girmansu, babba ce mai 'ya'ya ko matsakaiciya ko dashe. Daga nan ake komawa ofis a buga da jadawalin farashi na gwamnati, a fitar da jerin sunaye da kuɗin kowa. Wannan jerin shi ne komai. Idan sunan mahaifinku yana ciki da adadi a gabansa, bashi ne tabbatacce a kan hukuma. Idan babu, to shari'ar daban ce.

Abin da ke damuna shi ne jadawalin farashin kan daɗe ba a sabunta shi ba. Ɗorawa guda tana ba mace kalwa da garin ɗorawa duk shekara har 'ya'yanta su gaje ta, kaɗanya haka, kuka haka, amma sai a biya ta sau ɗaya a kuɗin da bai kai amfaninta na 'yan shekaru ba. Na biyu, ranar awo idan aka zo da rani gona ba shuka, sai a rubuta fili ne kawai. Mutane da yawa a haka suka tashi a tutar babu.

Tambayata gare ka: an ba ku wata 'yar takarda ranar awon? Kun riƙe lambar da ke jikin allon?

Baban Ummi: Baba, akwai wata ƙaramar takarda a cikin akwatin marigayi, da lamba da sa hannun wani jami'i. Adadin kuɗi dai babu a jiki.

Tsohon Safiyo: Alhamdu lillahi. Kada ka ba kowa asalinta, ko waye. Ka yi hotonta da yawa. Da wannan lambar ake gano ku a cikin jerin.

Ɗan Gwagwarmaya: Duk wannan bayanin na ji, amma shekara nawa za a yi ana bin takarda? Shi wanda ya mutu yana jira fa, takarda ta amfane shi? Ni ina nan kan bakana, a tare hanya.

Dattijon Mafara: Yaro, zafin da ke ranka na gane shi, kuma ba laifi ba ne. Amma duk wanda ya tashi a yankin Talata Mafara ba ya jin an ce a tare hanya kan diyya gabansa bai faɗi ba. Madatsar ruwan Bakolori an gina ta a kan gulbin Sakkwato, aka kammala a 1978. Ruwa ya shanye garuruwa da gonaki, wasu gonakin kuma aka karɓe don a baje su a yi hanyoyin ban ruwa, manoma suka yi damina bayan damina ba su yi shuka ba. Diyya ta zo wa wasu, wasu ba su ga komai ba, wasu aka rubuta gonakinsu da sunan wasu. Manoma suka kai kuka har suka gaji, sai suka fara tare hanyoyin shiga wurin aiki. A watan Afrilu na 1980, zamanin Shagari, Shehu Kangiwa yana gwamnan Sakkwato, aka turo 'yan sandan kwantar da tarzoma. An kashe mutane, an ƙone gidaje. Gwamnati ta faɗi adadi kaɗan, mutanen yankin suka ce ɗaruruwa ne. Gaskiya tana tare da manoman, wannan babu shakka, amma su aka binne.

Ban ce a zauna a naɗe hannu ba. Na ce kada wanda yake zaune da waya a hannu ya tura 'ya'yan mutane gaban bindiga.

Ɗan Gwagwarmaya: Baba, Allah ya huci zuciyarka, ban yi nufin a zubar da jini ba. Amma ka duba, abin da ka ba da labari ya wuce shekara 40, kuma har yau ba ta sake zani ba. Yanzu ga bututun gas na AKK daga Ajaokuta zuwa Kaduna zuwa Kano, kilomita 614, da aka ƙaddamar a 2020. Ga layin dogo na Kano zuwa Maraɗi da aka aza harsashinsa a 2021, ya bi ta Ɗambatta, Kazaure, Daura, Katsina, Jibiya. Duk ta gonakin talakawa suka bi. Idan ba a yi hayaniya ba wa zai waiwaye su?

Barista: Hayaniya iri-iri ce. Taron manema labarai hayaniya ce, shiga gidan rediyo hayaniya ce, zuwa majalisar dokokin jiha da takardar koke a hannun ɗan majalisarku hayaniya ce, kuma babu wadda za ta kai ku kurkuku. Tare titi kuwa yana mayar da mai bin bashi wanda ake tuhuma. Da zarar an kama mutum biyar, maganar diyya ta koma maganar beli.

Baban Ummi, ga yadda zan yi da ni ne. Kada ka tafi kai kaɗai. Ku haɗa duk waɗanda ba a biya ba, ku rubuta sunaye da lambobin allo, ku zaɓi wakilai kaɗan da kowa ya yarda da su. Ku rubuta takarda zuwa ga shugaban hukumar da ta yi aikin da ma'aikatar filaye ta jiha, ku nemi abu biyu a fili: kwafin jerin ƙiyasi, da ranar da za a biya. A buga muku hatimin karɓa a kan kwafinku, kada ku yarda da "ajiye a nan za mu duba". Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba hukuma kwana 7 ta amsa irin wannan buƙata. Idan shiru, akwai Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, tana da ofis a kowace jiha kuma ba a biyan ko sisi. Sai dai ku sani ba ta taɓa maganar da ke gaban kotu, kuma dokarta ta iyakance ta ga koken da bai wuce wata 12 da faruwa ba, don haka takardar da za ku rubuta yanzu da ƙin amsa ta su ne sabon abin da za ku kafa hujja da shi.

Kotu ita ce ta ƙarshe, kuma kada ku yi ta jinkiri, domin akwai dokokin ƙayyade lokacin shigar da ƙara, lauyan gwamnati kuwa da su yake fara kare kansa.

Maman Sadiq: Barista, don Allah a kotun ana samu kuwa? Mu an ce mana ko ka ci shari'a gwamnati ba ta biya.

Barista: Hajiya, akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Cin shari'a daban, karɓar kuɗi daban. Idan kana son kotu ta cire kuɗin daga asusun da ke hannun jami'in gwamnati, doka ta ce sai da amincewar Antoni Janar, wato lauyan wanda kake ƙara. Amma hukunci yana da nauyi. Yana tsayar da adadi, yana hana a ce ba a san da ku ba, kuma sau da yawa da an ga takardar sammaci ake kiran sulhu. Akwai kuma wata ƙofa: doka ta ce sai an ba mai wuri sanarwar soke izini a rubuce, kuma kotuna sun sha rushe ƙwacen fili saboda ba a ba da sanarwar ba, ko saboda an karɓe da sunan amfanin jama'a sannan aka yanka wa wani attajiri.

Gaskiya Ɗaya Ce: Ku bar zagaye-zagaye. Kuɗin nan ana sakinsa, a hannun masu unguwanni da dagatai yake maƙalewa. Su ne ke cusa sunayen 'ya'yansu da surukansu a jerin, mutumin da ko taƙi ba shi da shi a wurin sai ka ji ya sayi babur.

Jikan Dagaci: Malam, ka ji tsoron Allah, kada ka yi kuɗin goro. Na ga yadda ake yi a gidanmu. Ma'aikata kan zo su ce wa dagaci ya sa hannu a takardar da shi ma ba a ba shi kwafi ba, gobe idan kuɗi bai fito ba shi talakawa ke zagi domin shi suke gani, shi ne ƙofarsa ke buɗe. Akwai ɓata-gari a cikinsu, ban musa ba, amma dagaci shi kaɗai bai isa ya sa suna a jerin da ake bugawa a birni ba.

Gaskiya Ɗaya Ce: To ai ka faɗa da bakinka, ba shi kaɗai ba. Haɗin baki ne.

Tsohon Safiyo: Ku biyun kowa yana da rabin gaskiya. Maganin wannan tun ranar awo ne: a yi shi a bainar jama'a, maƙwabcin gabas da na yamma su shaida iyaka, a liƙa jerin a ƙofar fada ko masallaci kowa ya gani kafin a biya. Inda aka yi haka, sunayen bogi ba sa rayuwa. Kuma ku lura da masu zuwa da takardar wakilci su ce ku sa hannu za su karɓo muku. Akwai ƙwararrun masu ƙiyasin kadara na gaskiya masu lasisi, suna ɗaukar kasonsu, galibi kashi 10 cikin 100 ake ji, kuma suna da amfani domin sun san jadawalin. Amma ku karanta abin da kuke sa wa hannu. Kuɗi ya shiga asusun mai gona, shi ya biya wakili, ba wakili ya karɓa ya miƙo abin da ya ga dama ba.

Ɗan Maraɗi: Salamu alaikum 'yan'uwa na Najeriya. Mu nan Nijar tsarin mulkin 2010, wanda aka dakatar a 2023, cewa ya yi diyya ta zama ta adalci kuma a biya ta kafin a karɓi wuri. A takarda ke nan, a aikace mu ma ana kuka. Amma abu guda da ya taimake mu shi ne kwamitocin ƙasa da dokar karkara ta 1993 ta kawo, tun daga matakin gari har zuwa sama. Mutum na iya samun takardar shaidar cewa gonar nan tasa ce ta gado tun babu wata rigima. Ranar da aiki ya zo ba a fara gardamar wane ne mai wuri. Ku can manoma suna da irin wannan?

Barista: Doka ta amince da mai gonar gado ko ba shi da takarda, ana ɗaukarsa tamkar ƙaramar hukuma ta ba shi izini. Amma samun shaidar a rubuce, kaɗan ne suke yi.

Baban Ummi: Wani abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, ko an biya yau, kuɗin ya riga ya narke. Lokacin da aka yi awo buhun siminti bai kai naira 3,000 ba, a farkon 2024 ya haura 10,000. Rijiyar da aka ƙiyasta a wancan lokacin yanzu kuɗin ko rabin haƙa ba zai yi ba.

Barista: Sashe na 29 ya taɓo wannan. A kan gini da makamantansa ya ce a biya kuɗin sake yin irinsa, a cire tsufa, sannan a ƙara kuɗin ruwa bisa ƙimar banki saboda jinkirin biya. Hukumomi ba sa ambatonsa sai an nema. Ku sa shi a takardarku.

Maman Sadiq: Kuɗin ruwa kuma? Wannan ba riba ba ce? Allah ya gafarta Malam, kana nan?

Malam Na Zaure: Ina biye da ku, Hajiya. Da farko, asalin al'amarin a Musulunci a bayyane yake. Filin da aka gina masallacin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, na wasu marayu biyu ne daga Banu Najjar. Sun so su bayar kyauta, ya ƙi, sai da aka saya. Sayyidina Umar da zai faɗaɗa Harami ya sayi gidajen da ke kewaye, waɗanda suka ƙi sayarwa aka ajiye musu kuɗinsu har suka karɓa. Wato ko don ɗakin Allah ba a ɗauki na mutum a banza ba, balle titi. Kuma hadisi ya tabbata a Bukhari da Muslim cewa jinkirin mawadaci wajen biyan bashi zalunci ne. Jami'in da ya danne fayil ɗin marayu a kan teburinsa ya san da wa yake yi.

Game da ƙarin, ni abin da zuciyata ta fi natsuwa da shi shi ne ku nemi a sake ƙiyasi da farashin yau. Abin da aka lalata muku rijiya ce da itatuwa, ku nemi ƙimarsu a ranar biya. Wannan ba ƙari ne a kan bashi ba, mayar da abin da aka ɗauka ne. Ƙarin da aka lissafa da ƙimar banki kuwa, kowa ya zauna da malamin da ya amince da shi kafin ya sa a aljihu.

Barista: Allah ya gafarta Malam, na fahimta, amma a matsayina na lauya ba zan ce su bar abin da doka ta rubuta musu ba. Sake ƙiyasi roƙo ne, hukuma na iya ƙi. Wancan kuwa yana cikin doka. Su nemi duka biyun, abin da za su yi da shi bayan ya fito tsakaninsu da malamansu ne.

Malam Na Zaure: Ban hana a rubuta ba, Barista. Na dai faɗi abin da zan fifita.

Injiniya: Ƙari kaɗan. Ku binciki wanda ya ba da kuɗin aikin. Idan da hannun Bankin Duniya a ciki, ƙa'idarsu ta fi dokarmu tsauri: a biya cikakken kuɗin maye gurbi ba tare da cire tsufa ba, a biya kafin a fara aiki a wurin, kuma a kula har da wanda ba shi da takarda. Kowane irin aikin nan yana da ofishin karɓar koke, kuma ana iya kai ƙara ga bankin kai tsaye. Allon da aka kafa a bakin aikin yakan nuna masu ɗaukar nauyi.

Baban Ummi: Zan duba, Injiniya. To Barista, tunda sunan marigayi ne a jerin, kuma asusunsa banki ya rufe, ya za a yi?

Barista: Sai kun je kotun da ke raba gado ta tabbatar da magada, ta ba da takardar da ke nuna wanda zai karɓa a madadinsu. Ku haɗa ta da shaidar rasuwa ku kai wa hukumar, ku nemi a sauya sunan da asusun a rubuce. Ba tare da wannan ba ko kuɗin ya fito ba za ku iya taɓa shi ba.

Tsohon Safiyo: Kafin ma a kai nan, idan kun sami jerin ku fara duba ko an rubuta "an biya" a gaban sunansa. Sunan mamaci shi aka fi yi wa haka. Idan kun ga hakan, ku nemi a nuna muku asusun da kuɗin ya shiga da ranar da ya shiga.

Maman Sadiq: Baban Ummi, ina roƙonka abu ɗaya. Ranar da za ku je kotun, ku tafi da iyayenku mata da 'yan'uwanku mata, a rubuta sunan kowace a takardar. Ɗorawar nan da ake magana su ne suka fi kowa sanin amfaninta. A namu maza ne kaɗai suka shiga kwamiti, mu sai labari muke ji daga bakin yara. Kuma idan kun rubuta takardar koken, don Allah ka turo mini yadda kuka tsara ta in kai wa mutanenmu, mu ma lambobinmu suna nan.